Kwalbati da Dogo a Ƙofar Ma'aji

Tun yana birkila ake ce masa Kwalbati, don duk aikin da aka ba shi sai ya fara tambayar ta ina ruwa zai bi. Da ya tara ɗan abin hannu ya sayi tsohuwar tifa ya shiga kwangila, sunan ya bi shi. Har matarsa da shi take kiransa in ya ɓata mata rai.

Aiki mafi girma da ya taɓa samu shi ne hanyar da ta tashi daga kasuwa zuwa asibiti. Ƙaramar hukuma ta ba shi na somi, aka ce ragowar sai an gama. Ya zuba tsakuwa, ya gina magudana, ya shimfiɗa kwalta. Da kuɗi suka yanke masa a tsakiya, sai ya sayar da tifar ya ƙarasa. Aka zo aka tafa, aka ɗauki hoto. Kafin a biya shi, aka canja shugaba.

Daga nan ya zama ɗan zaman benci a ƙofar ofishin ma'aji, ƙarƙashin wata fanka da ba ta juyawa. Kullum masinja ya leƙo ya ce ana taro. A bencin ya tarar da Dogo, wani ɗan kwangila da ya taɓa yi masa ƙafar ungulu a wani aiki, har suka daina gaisawa. Shi ma kuɗin gada yake bi.

Dogo ya dube shi ya ce, "Kai ma?"

"Ni ma. Matsa mini."

Zama ya yi zama, hira ta shiga. Suka ga kuɗin mota na cinye su a banza, sai suka raba zuwan: wannan mako ɗaya ya je ya tambaya musu su biyu, wani mako ɗayan. Ranakun da suka rage kuma suka ɗauko hayar injin buga bulo suka kafa a filin Dogo.

Matar Kwalbati tana kan keken ɗinki ta ce, "Baban yara, ba shi ne ka ce ko jana'izarka kada ya zo ba?"

"Na faɗa. Amma yana da rijiya, bulo kuma sai da ruwa."

Da haƙurin sauran 'yan kwangila ya ƙare, suka yanke shawarar juye yashi a hanyar asibitin, su toshe ta har sai an saurare su. Kwalbati ya ce zai bi su duk ofishin da za su, amma ban da wannan. "Masu naƙuda ke bin hanyar nan. Ba su muke bi bashi ba."

Wasu suka ce an saye shi. Dogo ya yi dariya ya ce, "Wa zai saye shi? Da wane kuɗin?" Aka fashe da dariya, maganar yashi ta mutu. Suka ɗunguma wajen sabon shugaba, ya saurare su, ya yi alkawari.

Bayan damina aka biya Kwalbati rabi. Ya sallami leburorinsa da mai siminti, ya biya wa 'yarsa makarantar koyon jinya, abin da ya saura suka sayi injin bulon ya zama nasu. Dogo kuwa bai samu ko sisi ba, wai ana sake duba gadar. Ga shi ciwon gwiwa ya hana shi hawa benen da ofishin ma'aji yake.

Makon da ya biyo baya ma'aji ya fito zai je ya shiga mota, ya ga Kwalbati zaune a benci.

"A'a, Kwalbati, ba mun sallame ka ba?"

"Kun dai rage mini, ranka ya daɗe. Yau na Dogo na zo."

Ma'aji ya tsaya da makulli a hannu. Sannan ya koma ya buɗe ofis, ya ce ya shigo su zauna.