Telan da Ya Ƙi Yanke Ƙafar Wando

Matso kusa ka gyara zama, in ba ka labarin wani tela. Kawu Tela ake ce masa, babba da yaro, har matarsa in ta so tsokana. Bafulatani ne siriri, wanda ciwon ƙafa ya raba shi da bin shanu tun yana saurayi, sai ya koma taka keken ɗinki da mai lafiyar. Shagonsa ɗaki guda ne a bakin hanya: keke, benci, dutsen guga na gawayi, da buhun ƙyallaye da ba ya yarda a zubar. Mutum ne mai tsananin tausayin yadi. In ka ga ya ɗauki almakashi, sai ka ce ɗansa zai yi wa kaciya.

Ana nan, sai mutanen daji suka shigo ƙauyen a kan babura, da bindigogi a kafaɗa. Suka tara maza, suka ce daga yau duk wandon da ya sauko idon sawu, mai shi zai sha bulala. Su kuwa sojojin da ke tsare hanyar birni, da sun ga Bafulatani da ɗangalallen wando sai su ce ga ɗan daji, su jefa shi a mota. Ka ji fa: gaba kura, baya sayaki.

Mutane suka yi ta kawo wanduna a rage musu. Kawu ya ce shi ba zai yanke ba. Sai ya naɗe ƙafar wandon ciki, ya kama ta da sakakken ɗinki. A ƙauye wando gajere ne. In za ka birni, kana wuce gonakin ƙarshe sai ka ja zare, wando ya sauka. Mutane da yawa sun je sun dawo lafiya da wannan dabara, suna sa masa albarka.

Yana da ƙane, autansu, makiyayi, wanda wandonsa na kirki ɗaya ne tak, shuɗi. Da 'yarsa ta kwanta zazzaɓi, dole ya shiga birni neman magani. Ya biyo ta shago da matarsa, mace mai baki kamar reza.

"Yaya, a duba mini mijin nan," ta ce. "Ka san in aka ce ya ja zare, sai ya ja mazagi, ya bar mu da abin kunya."

"Ke dai Allah ya shirye ki," in ji Kawu yana dariya. Ya nuna wa autan bakin zaren, ya dafa kafaɗarsa. "Ka gaida soja da kyau. Kar ka kalle shi cikin ido."

Abin da Kawu bai lissafa ba shi ne rana da wanki. Wandon ya daɗe a naɗe yana yawon kiwo, samansa ya koɗe, ɓangaren da ke ɓoye kuwa yana nan shuɗi shar kamar yau aka sayo. Da auta ya ja zare, sai ga layi a ƙwaurinsa, ko makaho ya shafa zai ji. Direban da ya ɗauke shi ne ya dawo da labari. Ya ce wani soja ya nuna layin da bakin bindiga, ya ce, "Wannan jiya gajere ne." Aka sauke shi.

Washegari Kawu ya ja ƙafarsa har ƙofar sansanin sojojin. Ya durƙusa, ya ce, "Ranka ya daɗe, yaron nan ba ruwansa. Ɗinkina ne, ni na naɗe."

"Au, ashe kai ne telansu?" in ji mai gadin, ya gyara riƙon bindiga.

Wani soja mai furfura ya shiga tsakani, ya tura Kawu baya, ya yi ƙasa da murya. "Baba, koma gida tun kana da ƙafar komawa. Wanda kake nema ba ya nan. Kar ka sake zuwa."

Kawu ya gane abin da ake nufi: auta ba zai dawo ba. Ya dawo ya tarar da matar ƙanensa a kan bencin shago, yarinya a bayanta. Ta dube shi, ta dubi keken, ta tashi. Tun daga ranar bakin nan nata ya mutu.

Yanzu ita da 'yar suna gidansa, shi ke ci da su, kuma ba shi da wata sana'a sai wannan. Ɗazu maƙwabcinsa ya shimfiɗa sabon yadi a kan keke, ya ce, "Kawu, wando nake so, wanda zan je da shi in dawo." Kawu ya riƙe igiyar awo a hannu, ya daɗe bai sunkuya ba.

To kai da kake saurare, da kai ne telan, iya ina za ka auna masa?