Kaset ɗin Bab Makka da Fushin Inna

Ko zan manta da komai a aikina na tuƙi a Jidda, ban da ranar da na kai wani dattijo ɗan Indiya gidanmu a unguwar Nuzla. Kamfaninmu ne ya haɗa ni da shi bayan ya gama Umara, aka ja mini kunne cewa babban baƙo ne, in ya yi ƙorafi ɗaya, halas, wato shi ke nan, in ajiye makullin mota.

A hanya, da ɗan Indiyancin da na tsinta wurin abokan aiki, na gane ya ƙarar da ƙuruciyarsa yana rubuta finafinai yana ba da umarni, da fari da harshen Bangali, daga baya da Hindi. Da ya ambaci wani tsohon fim ɗinsa, sai na yi caraf na ce ai mahaifiyata ta haddace shi. Bakina ne ya ja mini, don nan take ya ce sai ya gaishe ta.

Inna ta yi masa shimfiɗa, ta kawo shayi. Ina faɗa mata ko wane ne, sai ta janye kofin.

"Kai ne ka kashe malamin makarantar nan? Shekara talatin ina nemanka! Yaro bai ji ba bai gani ba, ka jefa shi kogi ranar aurensa. Haram alaik!"

Na juya na ce masa yaba fim ɗin take yi. Inna ta daka mini tsawa, "Maƙaryaci! Yalla, faɗa masa daidai." Na manta cewa ta fi ni jin Indiyanci.

Da na faɗa masa, dattijon ya ce, "Hajiya, ai bai mutu ba. Masunta sun tsamo shi."

Ashe kaset ɗin da marigayi Baba ya sayo a kasuwar Bab Makka ne ya yanke kafin fim ɗin ya ƙare. Nan dattijo ya dogara sandarsa ya miƙe, ya yi mata ragowar: shi ne masunci, shi ne ango, har ya yafa tawul ya zama amarya. Inna tana dariya tana share hawaye. Ta dube ni ta ce, "Allah sarki babanka, ya tafi bai san yaron ya rayu ba." Ni ma sai da na sunkuyar da kai.

Ta mayar masa da shayinsa, har da tuwo, makullin mota kuma ya zauna a aljihuna. Tun daga ranar, in aka kawo mini labarin wani ya tsaya a mummunan wuri, ba na saurin yanke masa hukunci. Nakan ce a bincika tukuna, wataƙila kaset ne ya yanke.