Igwar Azumi a Soron Surukina

Shekarun baya, farkon zuwana Makka bayan yaƙin Bama, na nemi auren wata bazawara. Mahaifinta tun yana saurayi ya baro Kano, lokacin da igwar Nasara ta fasa ganuwa, bai kuma sake waiwayawa ba. Abokina ya ja mini kunne: "Ka ce masa kai ɗan dako ne. In ya ji ka yi wa Bature soja, matar nan sai dai ka gan ta a mafarki."

To ai dakon na yi a soja. Igwa muke kwancewa gunduwa-gunduwa mu ɗauka a ka.

Da azumi tsohon ya kira ni shan ruwa a saman soronsa. A Makka igwa ake bugawa daga kan dutse in rana ta faɗi, ni kuwa ban san ana hango ta daga nan ba. Ina ganin hayaƙi, tun ƙara ba ta iso ba, na toshe kunnuwa na wangame baki yadda Baturenmu ya hore mu. Ƙato da ni, a gaban mutane.

Tsohon ya ajiye dabinonsa. "Wa ya koya maka wannan?"

"Manjon igwa, Baba."

Na fara neman takalmina da ido.

"Zauna, ya waladi, zauna ɗana. Shi mai buga ta, yana ganin waɗanda take faɗa wa?"

Na ce ba ya gani. Wani ke hangowa ya aiko da lamba, shi ya yi lissafi, mu mu ɗura.

"Wane irin mutum ne?"

Na ba shi abin da na sani. Yana ƙaramin hafsa ya fara a Zariya, aka kai shi Habasha, aka kai shi Bama. Ranar da muka rabu zazzaɓi ya tsotse shi, kunnuwansa sun mutu. Yana jin Hausa, amma sai ka yi masa ihu.

"Amma ba shi ne ya fasa ganuwar Kano ba, Baba."

"Duk kanwar ja ce." Ya girgiza kai. "Tun ina saurayi aljani nake gani a bayan igwar nan a mafarki. Ashe kurma ne mai zazzaɓi."

Ya turo mini kwanon dabino. Bayan sallah aka ɗaura aure.

Har yau in igwa ta tashi hannuna na riga ni zuwa kunne, matata na dariya. Ni dai abu ɗaya ke ci mini rai: tsohon ya tambayi wane ne a bayan igwa. Ko Manjo ya taɓa tambayar su wane ne a gabanta? Ni da na ɗura masa ban tambaya ba.