Tuwon Baba a wurin ciyayya

A shekarar da fari ya cinye gonakin Dogo da Droum, sana'ar babanmu ta mutu. Baduku ne a Zango, kuma mai jin yunwa ba ya sayen jakar fata. Innarmu ce ta ɗauki kasko ta koma tasha, tana tuyar ƙosai tun hantsi har lisha. Mu kuwa ko taɓarya ba ma iya ɗagawa. Sai Baba ya naɗe hannun riga ya shiga madafa.

Tuwonsa na farko, Allah ya jiƙansa, da za a jefi kare da shi sai ya tafi da ɗingishi. Amma baduku ba ya raina aikin hannu. Kafin wata ya mutu ya iya surfen jar dawar nan ta taimako, ya iya talge, ya iya kaɗa miyar kuka babu gudaji.

Fitinar daga tele ta fito, wato talabijin. Wani maƙwabcinmu ma'aikacin duwan, wato kwastan, yakan fito da tasa ƙofar gida, kuma lokacin ana nuna wani tsohon wasan barkwanci na Ingila, baƙi da fari, wanda aka juya da Faransanci. Kullum matar ta fita, mijin ya ɗaura ƙyallen girki a ƙugu, ya ƙona tukunya, ya farfasa faranti. Da anasaran ya bayyana sai mazan unguwa su ce, "Ga baduku nan!" Har wani ya tare Baba ya ce, "Musye, yaushe za a sayo maka ɗankwali?" Na koma gida da kuka. Inna ta ce gara ta bar tashar mu kwana da yunwa, da a mayar mata da miji abin wasa.

"Ki tafi sana'arki," in ji Baba. "Ki bar ni da su."

A da, bayan magariba kowane magidanci kan fito da akushinsa a haɗu a ci a tabarma ɗaya. Yunwa ta kashe ciyayyar nan, kowa ya ƙule a ɗaki da ɗan abin da ya samu. Ran nan Baba ya ɗauko akushi da kansa ya dire a gaban mazan unguwa a ƙofar gida. Babu wanda ya jira a ce masa bismilla sau biyu.

"Wannan kam hannun uwargida ne," in ji wani, baki cike.

"Tana tasha," in ji Baba. "Ni na tuƙa."

Ina laɓe a zaure, alfahari kamar zai fasa mini ƙirji, domin ko mutum ɗaya bai janye hannunsa daga akushin ba.