Tanimu da Gwangwanaye Bakwai

Kullum bayan asuba, kafin 'yan kabu-kabu su cika Zango da ƙara, Malam Tanimu yakan shiga ɗakin ƙasa na ƙuryar gidansa ya shinshina gwangwanayen fim bakwai ɗaya bayan ɗaya. In ya ji warin tsami, fim ya fara ruɓewa ke nan, sai ya warware shi a inuwa ya sha iska. Shekara talatin da ɗoriya yana wannan. Matarsa Maryama takan ce, "Malam, ko turarena ba ka shinshina haka."

Gajerun finafinai ne na orkes, wato ƙungiyar makaɗan Mahamud, mutumin da ya kaɗa wa rabin Damagaram biki. Sun iso hannun Tanimu a watan da aka rufe sinimar da Tanimu yake haska fim, aka sayar da injin, saboda haka Mahamud bai taɓa ganin kansa a fim ba. Bana aka ce yanar ido ta fara rufe wa Mahamud gani. Hankalin Tanimu ya tashi. Ya bi 'yan gwangwan har Mirriya, ya haɗa injin haska fim ɗaya daga matattu biyu.

Ran nan bayan magariba aka haska a bangon gidan, Mahamud da mutanensa suna zaune suna kallo. Hoto ya fito, sauti ya ƙi. Tanimu ya jiƙe da zufa, kunya kamar ya nutse.

Ashe Mahamud bai taɓa ƙirga wa makaɗansa bugun kiɗa da baki ba, kafaɗar hagu yake ɗagawa. Habibu, tsohon mai gangarsa, yana ganin kafaɗar nan ta ɗaga a bango sai hannunsa ya faɗa kan benci da kansa yana kaɗawa. Tsofaffin mata suka ɗauki amshi. Mahamud ya matso har hancinsa ya kusa taɓa bango.

"Tanimu, wannan siririn ni ne?"

"Kai ne, Yaya."

"To, a kira mini jikokina. Sun ɗauka ƙarya nake musu."

Malam Tanimu, kai ne ka riƙe amanar da ba wanda ya ba ka. Mun gode, Allah ya saka. Mu kuma, duk mai wani tsohon abu na mutane a ɗaka, ya fito da shi tun masu shi suna gani. Mahamud dai yanzu ba ya gane fuskar kowa, amma ya ga tasa.