Na'Allah Alƙalin Majigi

Na'Allah masunci ne a Kaoje, amma in gaskiya za a faɗa, kifi bai taɓa jin tsoronsa ba. Abin da ya iya shi ne kallon majigi. Da ya ji motar majigi ta sauka Bagudo ko Zagga, sai ya yar da koma ya kama hanya. Har Dahome yakan tsallaka ya kalli na Faransawa, ya dawo yana gaya mana wanda ya yi kyau da wanda aka ɓata. Ni ƙanwarsa ce, na sha wannan surutu har na ƙoshi.

Shekarar da aka sami 'yancin kai, masu ɗaukar hoto suka zo bakin Kwara suka ɗauki masunta. Bayan wata uku aka kawo mana majigin. Murna kamar ranar Salla: ga jiragenmu, ga shinkafarmu, kowa na nuna ɗan'uwansa a jikin farin ƙyalle. Can sai ga Baba Ɗanmaliki, dattijon masunta, yana miƙa wa liman kifi da hannun hagu.

Tsohon ya rantse da dama ya miƙa. Aka ce masa gani ya kori ji. Kunya ta hana shi shiga kasuwa, a masallaci ma ya koma sahun baya. Abin ya ci mini rai ƙwarai.

Na'Allah ya bi motar zuwa Kurgu ya sake kallo, ya bi ta Zagga ya sake. A karo na uku ya bar duban hannu ya dubi ruwa. Ranar da motar ta dawo Kaoje, ya je da kansa ya lallaso Baba ya zo, sannan ya miƙe gaban Namadi, mai kunna injin.

"Malam Namadi, in ka tsaya ga gaɓar ga tamu, Kwara hannun dama taka tahiya. Taku ko ta yi hagu. Dubi billen Baba ma, ya sauya kunci. Baibai kunka sa abinku."

Namadi ya so ya yi gardama, amma da ya ɗaga zaren hoton ya duba a fitila, sai ya ga lallai baibai yake. Ya juya shi ya sake kunnawa. Kogi ya koma hanyarsa, Baba ya miƙa kifi da dama. Mata suka rangaɗa guɗa, ni ma na yi har muryata ta dushe.

Tun ranar ake ce masa Alƙalin Majigi. Har ya tsufa, duk mai son sanin majigin da aka nuna a ƙasar nan, da shekarar da aka kawo shi, wurinsa yake zuwa. Shi kuwa labari ɗaya ya fi son bayarwa: yadda washegari Baba Ɗanmaliki ya yi sallama a ƙofar gidanmu da ƙaton giwan ruwa, ya miƙa masa da hannu biyu.