Itacen da Aka Sara da Damina

Har yau in na ga ƙwaron nan mai dogayen ƙahonni a jikin bango, sai na cire takalmi na bi ta kansa, ko da a gidan surukai nake. Jikokina suna yi mini dariya, wai tsoho yana faɗa da abin da bai fi yatsa ba. Su yi ta yi. Ni na san abin da ke tsakanina da shi.

Ba shi da wuyar ganewa. Launin ƙasa gare shi, jikinsa siriri mai tauri, ga ƙahonni biyu sirara masu gaɓa-gaɓa da suka fi shi kansa tsawo, yana tafe yana kaɗa su. In ka kama shi sai ya riƙa ƙara ƙii-ƙii kamar shi aka zalunta. Babban ba shi ne maɓarnacin ba, 'ya'yansa ne. Uwar takan nemi ɗanyen itacen da aka sare, ta zuba ƙwai a cikin ɓawonsa. Ƙwan ya zama farar tsutsa mai kaurin kai, ba ta da ƙafa, sai baki. Ita ce ke shiga cikin itacen ta yi wata da watanni tana ci. Gara ko ba komai tana da kunya kaɗan, tana jan ƙasa a bayanta ka gan ta. Wannan kuwa daga waje itacen lafiya lau, ciki an gama da shi.

Ba a littafi na koyi wannan ba. Mahaifina masassaƙi ne a ƙauyenmu, can gefen Matankari. Turmi, taɓarya, akushi, ƙotar fartanya, itacen rufin ɗaki, duk daga hannunsa suke fitowa. Ba mai dukiya ba ne, kuma ba a tambayarsa shawara a kan mulki ko aure. Abu ɗaya gare shi: in aka ce itacen nan shi ya zaɓa, to an gama magana. Mace takan yi alfahari cewa turminta na hannunsa ne. Da wannan sunan ya ci da mu, da shi kuma yake zama cikin maza.

Shekara biyu ko uku bayan samun 'yancin kai aka turo ni ƙauyen a matsayin malamin lakwal, wato makarantar boko. Ina ɗan shekara ashirin, ga wando mai kari, ga alƙalami a aljihu, kowa na ce mini mushe, kirar malami da Faransanci, har waɗanda suka goya ni. Kaina ya kumbura, ba zan ɓoye ba. Samarin gari sun riga sun yi gayya da rani sun tayar da bangon aji ɗaya. An yi alkawarin kawo azarar giginya daga kudu don rufi. Muka jira har ruwa ya sauka, har gero ya kai gwiwa, ba azara ba labarinta. Ga buɗe lakwal yana matsowa, an kuma ce wani babba zai zo daga Dogon Dutsi ranar buɗewa.

Shugaban samari, ɗan ɗan'uwan maigari ne, mutum mai yawan baki da ƙarancin kunne, shi ya kawo shawarar a sari rassan gawo da daniya a bayan gari a rufa da su. Aka kira mahaifina ƙofar maigari. Ya saurara, sannan ya ce, "Ba a sarar icce cikin marka. Iccen yanzu ruwa garai, ƙwaro na jin ƙamshinai. Ku bari a yi girbi, sanyi shi shigo, wata shi yi duhu, in tahi in saro muku ƙirya. A ɓare ta, a jiƙa ta ga tabki, a shanya. Yaran ku zamna da su inuwa wata ukku, ba su mutuwa."

Shugaban samari ya ce ba za a kawo baƙo a nuna masa yara a gindin itace kamar awaki ba. Sai ya juyo wajena ya ce, "Mushe, kai da kay yi karatu, mi ah haɗin wata da icce?"

Da na yi shiru da ya fi. Amma ga idanu a kaina, ga karin wandona. Na gyara murya na ce itace itace ne, wata yana can sama yana harkarsa, irin waɗannan camfe-camfe ne suka hana mu ci gaba. A gaban ubana na faɗi haka, a gaban sa'o'insa. Na kama maganar wata na yi ta sukuwa a kanta, na bar maganar ruwan itace da ta ɓawo, waɗanda ko jaki ya tsaya ya yi tunani zai ga gaskiyarsu. Mahaifina bai dube ni ba. Maigari ya ce to, tunda mai ilimi ya faɗa, a sara.

Mahaifina aka sa ya sara, don ba wanda ya iya. Ya roƙi a ba shi ko kwana goma ya ɓare rassan ya gasa su a hayaƙi, aka ce babu lokaci. Haka aka ɗora su ɗanyu da ɓawonsu, aka shimfiɗa kara da zana, da ruwa ya ɗauke aka tattaka ƙasa a kai. Baƙon ya zo, ya sha fura, ya yaba, bai ko ɗaga kai ya dubi rufin ba.

Da bazara ta kama, zafi ya tsananta, sai na fara jin wani abu. In na ce yara su yi tsit su yi rubutu, sai ka ji ƙus, ƙus, ƙus daga sama, a hankali, ba ya tsayawa. Kullum da safe akwai ɗan garin itace a kan bencin yara, kamar an barbaɗa dusa. Na sa a share. Kashegari ya dawo, na sake sawa a share. Wannan shi ne iyakar ilimin da na kawo daga birni.

Wata rana bayan an tashi, mahaifina ya shigo ajin, karo na farko a rayuwarsa. Ya ɗebi garin ya murza a yatsa. Ya ƙwanƙwasa wani reshe da ƙotar gizagonsa, ya kasa kunne. Ya sa bakin gizagon ya ɗaga ɓawon, sai ga hanyoyi a kwance cike da gari. Ya zura siririn ƙarfe a wani rami ya zaro tsutsa, fara sol, tana murɗawa. Ya ce, "In ɗaya ce ko biyu ga icce mai rai, haka aka yi mata, a tsokano ta a liƙe ramin da toka da laka. Wanga kau ya wuce nan. A kware rufin kamin ruwa, a ƙone iccen duka, kar su tashi su shiga rumbunan mutane."

Na kai maganar ƙofar maigari, wannan kam na kai. Shugaban samari ya ce rufin da babban mutum ya yaba ba za a kware shi don tsutsa ba, kuma tsohon yana neman a ce gaskiyarsa ce. Na koma na ci gaba da koyar da yara arba'in a ƙarƙashin abin da na san ruɓaɓɓe ne. In na tuna wannan, ba na ganin laifin kowa kafin nawa.

Ruwan farko ya sauka, ƙwarin suka fara fitowa ta wasu ramuka masu ɗan tsawo da suka huda, suna yawo a bango da ƙahonninsu, yara na kamawa suna wasa. A ruwa na uku ƙasar rufin ta sha ta yi nauyi. Wata ranar Alhamis da hantsi rufin ya rufta gaba ɗaya. A zamanin ba a zuwa lakwal ranar Alhamis. Benci huɗu suka karye, ba a rasa ko kaza ba. Allah ne ya tsare, ba mu ba.

Daga nan kowa ya zama masanin itace. Tsofaffi suka ce masassaƙi ya sari gawon da aljana doguwa ke zaune a ciki bai nemi izini ba, shi ya sa ta turo dabbobinta masu ƙaho. Aka yanka baƙar akuya aka ci nama. Shugaban samari kuwa, da bakin nan nasa da ya hana kwana goma, ya shiga gari yana cewa tsoho ya zaɓo musu ruɓaɓɓen itace da gangan don an ƙi jin maganarsa. Wai ya so kashe 'ya'yan mutane don huce haushi. Laifi tudu ne, ya taka nasa ya hango na wani. Abin da ya fi ƙona mini rai shi ne mutanen da ke zaune ranar da aka yi gardamar, da kunnuwansu biyu-biyu, duk suka manta.

Aka turo mai duba makarantu ya bincika. Mutumin bakin teku ne, ba ya jin Hausa, don haka ni ne tafinta. Aka taru a ƙofar maigari. Mahaifina ya zo da guntun reshe a kafaɗa, ya aje, ya tsaga shi biyu a gaban kowa. Ciki duk ramuka, gari na zuba. Ya yi bayani a tsanake: yadda ya ce a jira girbi, yadda ya roƙi kwana goma, yadda ya zo da bazara ya ce a kware. Bai zagi kowa ba. Ya rufe da cewa, "Ga ɗana nan, shina wurin duka. A tambaye shi."

Baƙon ya dube ni, alƙalami a hannu. Na san in na juya maganar yadda take, tambaya ta gaba ita ce wa ya ce a sara, amsar kuwa ni ne. Sabon malami, shekara ɗaya a aiki. Sai na ce da Faransanci, "Ya ce ƙwari ne suka ci itacen." Baƙon ya tambayi wa ya zaɓi itacen. Na ce masassaƙi. Ya rubuta layi ɗaya, ya rufe littafinsa, ya ce a gaya wa tsohon ya riƙa kula da aikinsa. Wannan na juya ta Hausa tsaf, ban rage ko harafi ba.

A hanyar gida mahaifina yana gaba ina baya. Da muka kusa ƙofa ya ce, ba tare da ya waiwayo ba, "Maganata ta hi haka tsawo." Bai sake tayar da zancen ba har ya koma ga Allah.

Tunda takarda ta ce laifinsa ne, magana ta zauna. Mata suka fara aikawa kasuwar Matankari a sayo musu turmi. Mai gina ɗaki ya daina zuwa ya ce a zaɓa masa itace. Gizagon da ake ji tun daga bakin rijiya kowace safiya ya koma sai jefi-jefi, ƙotar fartanya ko muciya. Mahaifiyata ba ta san abin da na faɗa da Faransanci ba, kullum tana tsine wa shugaban samari, ni kuma ina zaune ina cin tuwonta.

Bayan girbi aka tashi sake rufi. Ba a kira mahaifina ba. Samari suka tafi daji da kansu suka saro ƙirya da marke, suka jibge a gefen ajin da ɓawonsu, a kan ƙasa, suna shirin ɗorawa cikin kwana biyu. Da la'asar na hango shi tsaye daga nesa yana kallon tarin. Ya matso ya sa hannu zai taɓa, wani saurayi da bai kai ƙanena ba ya ce, "Baba, bar shi, mun gode, wanda kay yi muna bara ya isa." Aka yi dariya. Ya janye hannunsa.

Bai tafi gida ba. Ya zagaya bayan bangon ya yafito ni. Ya ce, "Ka ce musu su ɓare shi. Su kai shi tabki shi kwan bakwai, su aza bisa duwatsu shi bushe, su babbake kawunan da za su shiga bango. Yara ka zamnawa ƙarƙashi. Kar ka ce ni na ce. In daga bakinka ta hito, suna ji."

Na je na faɗa musu, kalma bayan kalma, ban ce shi ya ce ba. Suka yi duk yadda na faɗa, ba gardama, har da shugaban samari yana tsawata wa masu sanyin jiki. Rufin nan ya fi shekara ashirin ba a ga ko ɗigon gari a benci ba.

Daga baya na faɗi gaskiya, sau da yawa, a wurin suna da wurin zaman makoki, ga duk wanda zai tsaya. Sai su yi murmushi su ce mushe akwai tawali'u, yana son ya wanke ubansa. Bara waccan na je ƙauyen, na tarar da wani magidanci yana ɓare itacen rumbu. Na tambaye shi wa ya koya masa. Bai gane ni ba. Ya ce wani malamin lakwal ne ya kawo musu dabarar tun zamanin kakanni, bayan wani masassaƙi ya kusa hallaka yara.